Minti Uku a Bangon Kawu Modi

Wata huɗu Habsi ta yi tana zana ɗigo ɗaya.
Ja ne, kamar manja ya ɗiga a farin kwano.
Takarda dubu biyu da ɗari da sittin
ta jibge ƙarƙashin gadon innarta a Mabera.
Ɓera ya ci goma sha ɗaya.
Ta ce a bar gurbinsu fari,
shi ma ai ya sa baki a aikin.

Ta ɗaure waya a ƙafar kujera da robar taya,
tana ɗaukar takardun hoto ɗai-ɗai,
har tuwon dare ya yi ɓawo a langa.
Sha biyu cikin daƙiƙa guda, in ji ta,
in ka rage, ido zai gane wayo ake masa.

Daren Laraba muka aro majigi a makarantar Junaidu,
muka baza zanin gado a bangon da damina ta zaizaye.
Ba jarumi, ba rawa, ba wanda ya ce uffan.
Sai ƙarar injin markaɗe
da ta naɗa a bakin Tsohuwar Kasuwa
ta juya ta baya,
ta koma kamar numfashin mai barci.

Ɗigon ya fito yana kyarma.
Ya kumbura. Ya tuɓe riga, ya sake tuɓe wata.
Inna Tumba ta tafa hannu:
albasa ce, ta fadamar Kwalkwalawa, har ƙwalla ta kawo min!
Junaidu ya ce a'a, fitilar bayan kabu-kabu ce
tana nisa a titin Gawon Nama.
Ni ban faɗi nawa ba.
Idon jar akuyar nan na gani
wadda na danne ranar sunan ɗana,
tana kallona, ba ta tambaye ni komai ba.

Sai gurbin ɓera ya iso.
Bango ya yi fari fat,
bai kai ƙiftawa biyu ba,
amma a tsakiyar farin, ga ɗigo kore shar,
yana lilo kamar ganyen zogale a ruwa.
Mu tara ne a tsakar gidan. Kowa ya rantse ya gani.

Habsi ta juye gwangwanin alƙalumanta a tabarma.
Ja. Ja. Baƙi. Wani jan da ya bushe.
Ta ce: tun da nake ban taɓa sayen kore ba.
Ku kuka zo da abinku.

Shiru ya ɗan zauna da mu.

Kawu Modi, shekara arba'in a majema,
hannunsa har yau ƙanshin bagaruwa yake,
yana ta rufe masa ido tun bara waccan.
Ya jawo kujera har gindin bango,
ya shafa zanin kamar mai duba fata.
"Ke ɗiya, wa yab ba ki aron idona?
Hakanga ni ka ganinku kullum,
abu ya taho ba baki ba hanci,
sai in ƙarasa shi da abin da nis sani.
Maido shi mu gani."

Ba a maido ba. An ɗauke wuta.

Na taka zuwa Runjin Sambo a duhu,
koren yana gabana har kwanar masu shayi.
A gida na tarar da Luba tana tankaɗe a hasken tocila.
Na daɗe a bakin ƙofa ina kallonta,
ina lissafin nawa ne nata a fuskar nan,
nawa ne kuma na shekara goma sha bakwai
da nake ta cikawa da kaina.
Ta ce lafiya?
Na ce sauro ne ya faɗa min a ido.

Da safe na ji labari wurin Junaidu:
Habsi ta ajiye ƙuli-ƙuli biyu ƙarƙashin gado,
da sabuwar takarda a gefe,
wai ko abokin aikin zai dawo.